Yadda za ka gane matsayin ɗan wasan chess daga lakabinsa da gasannin da ya ci

Idan kana bin labaran chess, ko kana yawan shiga musu a kai, ko kuma an ɗora maka haɗa tambayoyin kacici-kacici a makaranta, abin da zai fara rikita ka shi ne haruffan nan da ake maƙala wa sunayen mutane, GM wane, IM wane, WGM wance, ga lambobi irin su 2650 da 2830, ga kuma kalmar "zakaran duniya" da sai ka ji an kira mutum uku da ita a shekara guda kuma duk babu wanda aka yi wa ƙarya. To abin ba wuya gare shi ba in ka san inda za ka duba. Lakabi kaɗai ba ya gaya maka ƙarfin mutum, sai ka haɗa shi da makinsa, da irin lokacin da aka buga wasan, da kuma wace gasa ce takamaimai ya ci. Bari mu bi su.

Fara da lakabin, amma kada ka tsaya a nan

Hukumar da ke ba da lakaban nan ita ce FIDE, an kafa ta a birnin Faris ranar 20 ga Yuli 1924, shi ya sa ma ake bikin ranar chess ta duniya a wannan rana duk shekara. Lakabi mafi girma shi ne GM, wato girandmasta, kuma sai makinka ya taɓa 2500. Ƙasa da shi IM, wato intanashinal masta, maki 2400. Sai FM, wato FIDE masta, 2300, sai CM, wato kandidet masta, 2200. FM da CM maki kawai ake nema, da ka kai lambar ka nema a ba ka, amma GM da IM akwai ƙarin wahala da za mu zo kanta yanzu.

Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne lakabin na har abada ne. Kamar Alhaji yake, wanda ya sauke farali shekara talatin da suka wuce har gobe Alhaji ne ko da yanzu ba shi da kuɗin motar zuwa Zariya. Haka za ka ga dattijo GM wanda makinsa ya gangaro 2300 da wani abu saboda tsufa, yaro FM mai tasowa ya zo ya lallasa shi, kuma ba abin mamaki ba ne ko kaɗan. Don haka in aka ce maka "ai ya ci GM", tambayi wane GM ne kuma nawa ne makinsa a lokacin. Tsakanin GM mai 2500 da mai 2800 akwai tazara mai nisan gaske, in suka buga goma da ƙyar na farkon zai tsira da maki ɗaya da rabi, a lissafin da ci ke maki 1, kunnen doki rabi.

Babbar hanyar da ake rasa lakabin ita ce maguɗi. An ƙwace na Gaioz Nigalidze na Jojiya bayan an kama waya da ya ɓoye a banɗaki a gasar Dubai ta 2015, haka ma Igors Rausis a Strasbourg a 2019, shi har hotonsa aka ɗauka yana zaune a banɗakin da waya a hannu.

Yanzu ƙarin wahalar. Kafin a ba ka GM sai ka tara shaidar ƙwazo, abin da takardun FIDE ke kira norm, yawanci guda uku, da suka haɗa wasa aƙalla 27. Kowace shaida ana samunta ne a gasa guda mai wasa tara ko fiye, inda za ka yi ƙoƙari irin na mai maki 2600, kuma dole cikin waɗanda ka kara da su akwai GM aƙalla uku da 'yan wasu ƙasashe, ba wai ku taru ku 'yan gida ku yi ta ba juna ba. Ga yadda lissafin yake a aikace, in matsakaicin makin abokan karawarka 2380 ne, wanda shi ne mafi ƙarancin da ake karɓa, sai ka ci maki 7 cikin 9. In matsakaicinsu 2475 ne, 6 ya isa. In kuwa 2600 ne, to 4 da rabi ma ya wadatar, wato ka yi kunnen doki da kowa ka tashi da shaidarka. Wannan ne ya sa yara masu neman lakabi ke tururuwa zuwa Turai, musamman Budapest inda ake shirya irin waɗannan gasanni a kai a kai, kuma wannan ne babban abin da ke danne 'yan wasan Afirka, ba rashin basira ba, a gida babu isassun GM da za ka kara da su, fita kuma sai kuɗin jirgi da biza da otal.

Akwai kuma gajeriyar hanya, wasu gasanni in ka ci ana ba ka lakabin kai tsaye. Kenny Solomon na Afirka ta Kudu ta hanyar cin gasar Afirka ta 2014 ya samu nasa, Divya Deshmukh ta Indiya kuma da ta ci kofin duniya na mata a Batumi a 2025 nan take ta zama GM. In kana haɗa tambaya wannan wuri ne mai daɗi, domin yawancin mutane sun ɗauka shaida uku ce kawai hanya.

Na mata fa, a nan ake yawan zamewa

WGM ba ita ce "mace GM" ba. Lakabi ne daban na mata zalla, makinsa 2300, wato ƙasa da IM ma. Sai WIM 2200, WFM 2100, WCM 2000. Mace tana iya neman GM ɗin kowa da kowa, kuma da yawa sun samu, saboda haka in ka ga an rubuta GM Hou Yifan ko GM Ju Wenjun ko GM Koneru Humpy, cikakken lakabin ne ba na mata ba. Macen da ta fara samun GM ita ce Nona Gaprindashvili ta Jojiya a 1978. Wadda ta fara riƙe kambun duniya na mata kuma Vera Menchik ce a 1927, kada ka haɗa su.

Ga tarkon da ya fi kowanne kama mutane. Ka tambayi mutum sau nawa Judit Polgar ta ci kambun duniya na mata, zai fara ƙirga da yatsu, alhali ko sau ɗaya ba ta ci ba don ba ta taɓa nemansa ba, da maza take bugawa. Ta zama GM a Disamba 1991 tana da shekara 15 da wata 4, ta karya tarihin da Bobby Fischer ya kafa tun 1958, ta kai maki 2735 a 2005, ta zama ta takwas a duniya gaba ɗaya, ta kuma doke tsohon zakaran duniya Garry Kasparov a wasan sauri a Mosko a 2002. Yayarta Susan ce ta riƙe kambun matan. A ganina duk mai haɗa kacici-kacicin chess da bai saka Judit ba bai gama aiki ba.

Karanta makin

Tsarin makin na Arpad Elo ne, malamin fiziks haifaffen Hangari da ya zauna a Amurka, FIDE ta fara aiki da shi a 1970. Ba tara maki ake yi kamar asusu ba, hasashe ne, kafin wasa lissafi zai faɗi abin da ake sa ran za ka samu, in ka wuce hasashen a ƙara maka, in ka gaza a rage.

Ɗauki mai 2500 zai kara da mai 2700. Tazarar 200 ce, lissafi ya ce ƙaramin zai samu kashi 24 cikin ɗari, babban 76. Duk wanda ya taɓa kai 2400 ana ninka bambancin da 10. To in ƙaramin ya ci, ya samu 1 a maimakon 0.24, ribarsa 0.76 sau 10, maki 7.6 ke nan, kuma daidai wannan za a cire wa babban. In kunnen doki suka yi ƙaramin ya samu 2.6. In aka ci shi 2.4 kawai zai rasa. Ka ga dalilin da ya sa manya ba sa son shiga gasar kowa-da-kowa, wato wadda babba da yaro kowa ke iya shiga, kunnen doki ɗaya da yaro ya cinye ribar wasa biyu ko uku. Sababbin shiga da yara 'yan ƙasa da 18 da ba su kai 2300 ba, su kam da 40 ake ninka nasu, shi ya sa za ka ga yaro ya haura maki ɗari a wata guda, ba sihiri ba ne.

Lambobin da ya kamata ka haddace ba su da yawa. Mafi girman maki da aka taɓa kaiwa 2882, Magnus Carlsen na Norwe, Mayu 2014. Kafin shi Garry Kasparov ne da 2851 a Yuli 1999. Fischer ya kai 2785 a 1972, lambar za ta yi maka kamar ƙarama, amma ka tuna na biyu da shi a lokacin, Boris Spassky, yana 2660 ne, tazarar 125, wanda har yau abin a jinjina ne. Shi ya sa kwatanta makin zamani daban-daban kai tsaye ba ya ba da gaskiya, gara ka duba tazarar mutum da 'yan zamaninsa.

In kana son tantance wani, shiga ratings.fide.com ka rubuta sunan mahaifinsa ko sunan da ya fi shahara da shi. Shafinsa zai nuna maka ƙasar da yake bugawa, shekarar haihuwa, lakabi, lambar shaidarsa ta FIDE, sannan maki kala uku a jere. Akwai wurin da za ka ga yadda makin ke hawa da sauka wata-wata, akwai kuma inda za ka buɗe kowace gasa ka ga sunan duk wanda ya kara da shi da sakamakon. Ana sabunta jerin ne ranar 1 ga kowane wata, don haka in ka ji an ce wane ya haura 2800 yau da yamma, wannan makin kai-tsaye ne da shafuka irin su 2700chess ke lissafawa bayan kowane wasa, ba a ɗaukarsa a hukumance sai ya kai ƙarshen wata bai faɗo ba. Makin Chess.com da Lichess, shafukan buga chess a intanet, kuma daban ne gaba ɗaya, mutum ya ce maka yana da 2200 a Lichess ba ya nufin shi CM ne, ko kusa.

Wane irin lokaci aka buga

Makin kala uku da na ce, na kilasikal ne da rafid da bilis. Kilasikal shi ne dogon wasa, a gasa kamar Olimfiyad ta ƙasashe kowa na da minti 90 na tafiya 40 na farko, a ƙara masa 30, ga daƙiƙa 30 bayan kowace tafiya, wasa ɗaya na iya cin awa biyar ko shida. Rafid a gasar duniya minti 15 ne da ƙarin daƙiƙa 10, bilis kuma minti 3 da ƙarin daƙiƙa 2. Kowanne da zakaransa na duniya, kuma na rafid da bilis duk shekara ake yinsu, yawanci ƙarshen Disamba.

In aka ce "zakaran duniya" kawai ba a ƙara komai ba, na kilasikal ake nufi. Nodirbek Abdusattorov na Uzbekistan ya ci na rafid a 2021 yana da shekara 17, zakaran duniya ne tabbas, amma ba ya cikin jerin su Fischer da Kasparov. A Disamba 2024 ma abin ya fi haka armashi, Gukesh na da na kilasikal, Volodar Murzin ya ci na rafid a New York, na bilis kuma Carlsen da Ian Nepomniachtchi suka ce sun gaji a raba musu, aka kuwa raba, mutane suka yi ta surutu. A wannan gasar ce kuma aka ci Carlsen tarar dala 200 saboda ya sa wandon jins, ya yi fushi ya fice daga rafid ɗin, daga baya aka sassauta doka ya dawo bilis da jins ɗinsa.

Jerin zakaru da ramin da ke tsakiyarsa

Jerin ya fara ne daga Wilhelm Steinitz da ya doke Zukertort a 1886. Emanuel Lasker na Jamus ya karɓa a 1894 ya riƙe shekara 27, babu wanda ya kai shi daɗewa. Sai Capablanca ɗan Kyuba 1921, Alekhine 1927, Max Euwe na Holan ya ɗan karɓa daga 1935 zuwa 1937 Alekhine ya ƙwace abinsa, kuma shi kaɗai ne ya mutu da kambun a hannu, a 1946. Daga 1948 'yan Tarayyar Sobiyet suka kama, Botvinnik, Smyslov, Tal, Petrosian, Spassky, har Fischer ɗan Amurka ya katse su a Reykjavik a 1972 da ci 12½ da 8½. Fischer bai sake buga wasan gasa ba a matsayinsa na zakara, ya ƙi fitowa a 1975, aka ba Anatoly Karpov ba tare da an motsa ko ɗa ɗaya ba. Kasparov ya karɓa a 1985 yana da shekara 22, bayan karawarsu ta farko da aka fara a 1984 ta ƙi ƙarewa, wasa 48, arba'in daga ciki kunnen doki, har shugaban FIDE Campomanes ya dakatar da ita a Fabrairu 1985 Karpov na gaba da 5 da 3.

Ramin na nan daga 1993 zuwa 2006. Kasparov da Nigel Short suka ɓalle daga FIDE suka yi karawarsu, sai aka koma zakara biyu. Ɓangare ɗaya Kasparov, sai Vladimir Kramnik da ya doke shi a Landan a 2000. Ɗaya ɓangaren na FIDE kuma Karpov, Khalifman, Anand, Ponomariov, Kasimdzhanov, Topalov. Aka haɗe a Elista a 2006 Kramnik ya doke Topalov, a karawar da aka fi tunawa da rigimar yawan shiga banɗakin Kramnik fiye da wasan kansa. Daga nan Viswanathan Anand 2007, Carlsen 2013 a Chennai, Ding Liren na Chaina 2023, Gukesh Dommaraju 2024.

To me ya sa ramin ke da muhimmanci? Saboda tambayar "wa ya fi kowa ƙuruciya da ya zama zakaran duniya". Amsar da aka sani Gukesh ne, shekara 18, na 18 a jerin. Amma Ruslan Ponomariov na Yukren ya ci na FIDE a 2002 shi ma yana 18, kuma ya ɗan fi Gukesh ƙuruciya da 'yan watanni. In ba ka saka "wanda babu jayayya a kansa" a tambayarka ba, wani mai ƙwaƙwalwa zai tashi ya ce Ponomariov kuma ba ka da bakin musa masa. Haka sau nawa Anand ya ci, biyar ne in ka haɗa da na FIDE da ya ci a 2000.

Wani abin kuma, zakaran duniya daban, na ɗaya a duniya daban. Carlsen na saman jerin maki tun Yuli 2011, ya kare kambunsa sau huɗu, da Anand a 2014, Karjakin 2016, Caruana 2018 inda duk wasa 12 na kilasikal suka tashi kunnen doki sai a rafid aka raba gardama, sai Nepomniachtchi a Dubai 2021, wadda wasa na shida a cikinta ya kai tafiya 136, mafi tsawo a tarihin karawar kambu. A 2022 ya ce shi ya gaji ba zai sake karewa ba. Babu wanda ya ƙwace daga hannunsa, ajiyewa ya yi, shi ya sa Ding da Nepomniachtchi suka kara a Astana.

Yadda Gukesh ya ci kuwa ya kamata ka san shi dalla-dalla don ana yawan tambaya. Singafo, Disamba 2024, wasa na 14 kuma na ƙarshe, suna 6½ da 6½, kowa ya sa rai kunnen doki za a yi a tafi rafid inda ake ganin Ding ya fi ƙwari. Allo ya kusa zama fayau, cikin manyan 'ya'yan wasa kowa na da ruk ɗaya da bishof ɗaya, Gukesh ya fi da soja ɗaya amma ba wanda zai ci wasa ba. A tafiya ta 55 Ding ya kai ruk ɗinsa gidan f2 na allon yana neman musaya, ya manta bishof ɗinsa na maƙale a lungun a8 ba shi da wajen gudu, Gukesh ya musanya ruk, ya tilasta musayar bishof, abin da ya rage sarki da sojoji kuma cin nasa ne. Ana ganin lokacin da yaron ya gane, ya kasa zama, Ding kuma ya dafe kai. 7½ da 6½.

Wace gasa ce

Kofin duniya a chess ba shi ne kambun duniya ba, nan masu kallon ƙwallo ke faɗawa. Gasa ce ta sili-ɗaya-ƙwale, mutum fiye da ɗari biyu, kuma babban amfaninta shi ne waɗanda suka kai ƙarshe suna samun gurbi a Candidates, gasar mutum takwas da ke fitar da wanda zai ƙalubalanci zakara. Carlsen sai da ya shekara goma da zama zakaran duniya kafin ya ci kofin duniya, a Baku a 2023, ya doke Praggnanandhaa a ƙarshe. Gukesh kuma Candidates ta Toronto ya ci a 2024 yana 17.

Olimfiyad ta ƙasashe ce, duk shekara biyu, allo huɗu kowace tawaga, wato mutum huɗu ke bugawa lokaci guda kowa da allonsa, an fara a Landan a 1927 Hangari ta ci. Uzbekistan ta ba kowa mamaki a Chennai a 2022, Indiya kuma ta kwashe zinare biyu, na kowa da na mata, a Budapest a 2024. Lura da cewa akwai lambar tawaga akwai ta mutum ɗaya a kan allonsa. Odion Aikhoje na Najeriya ya ci zinaren allo na biyu a Elista a 1998, ba Najeriya ce ta ci gasar ba, shi ne ya fi kowa sakamako a allonsa.

Sai gasannin gayyata, inda ake tara manya goma ko sha huɗu kowa ya kara da kowa. Wijk aan Zee ta Holan da ake kira Tata Steel, duk Janairu, Carlsen ya ci sau takwas. Sinquefield a St. Louis, inda Fabiano Caruana ya ci wasa bakwai a jere a 2014 ya gama da 8½ cikin 10 alhali Carlsen na cikin gasar. In ka ga teburin sakamako, ci maki 1 ne, kunnen doki rabi, kuma "+3" na nufin cinsa ya fi faɗuwarsa da uku. A irin wannan gasa +3 na iya ba ka kofi, saboda manya da wuya su ci juna, amma a gasar kowa-da-kowa mai zagaye tara sai ka nemi 7 ko fiye. Norway Chess ita nata daban, maki 3 take ba wanda ya ci kilasikal, kada lambobinta su ruɗe ka. Da ma'aunin ci maki 1 ɗin nan za ka gane girman abin da Fischer ya yi, 11 cikin 11 a gasar Amurka ta 1963 zuwa 64, sannan 6 da 0 a kan Taimanov, 6 da 0 a kan Larsen a 1971. Da kuma na Carlsen, wasa 125 na kilasikal ba a ci shi ba daga 2018 har Duda na Folan ya katse shi a Oktoba 2020.

In kai ne mai haɗa tambayoyin

Saka shekara a duk tambayar da ta shafi tarihin ƙuruciya, don karya shi ake yi. Karjakin ya riƙe na GM mafi ƙuruciya daga 2002, shekara 12 da wata 7, har Abhimanyu Mishra na Amurka ya karya a 30 ga Yuni 2021 yana da shekara 12 da wata 4 da kwana 25.

Ka yi hattara da ƙasa. Caruana a Miami aka haife shi, ya buga wa Italiya shekara goma, ya koma Amurka a 2015. Wesley So daga Filifin ya koma Amurka, Levon Aronian daga Armeniya shi ma haka, Alireza Firouzja ɗan Iran ne yana buga wa Faransa, Hikaru Nakamura a Japan aka haife shi. Ka ce "wace ƙasa yake bugawa" ko "ina aka haife shi", kada ka ce "ɗan ina ne", sai an yi rigima.

Na Afirka ma sai ka daidaita harshe, domin "na farko" ɗin kala-kala ne. GM na farko a nahiyar Slim Bouaziz ne na Tunisiya, 1993. Baƙar fata na farko Maurice Ashley ne a 1999, amma shi haifaffen Jamaika ne mazaunin Amurka. Na farko daga kudu da Sahara Amon Simutowe na Zambiya. Ahmed Adly na Masar ya ci gasar matasa ta duniya a 2007, Bassem Amin shi ma ɗan Masar, likita ne ma, shi ya fara haura 2700 a Afirka. Tunde Onakoya kuma, wanda yawancin 'yan Najeriya ta dalilinsa suka fara jin labarin chess, ba GM ba ne kuma bai ce shi ne ba, lakabinsa na ƙasa ne, abin da ya yi suna a kai shi ne koyar da yaran unguwannin talakawa a Legas da zaman da ya yi a Times Square, awa 60 a Afrilu 2024, sannan awa 64 a 2025 tare da Shawn Martinez. Bajinta ce ta juriya, gidanta daban da na lakaban FIDE, kuma lakabin ƙasa hukumar ƙasar ce ke bayarwa ba FIDE ba.

Ka ajiye tambaya ɗaya ko biyu a kan manyan da ba su taɓa cin kambu ba, don su ne ke raba wanda ya haddace jeri da wanda ya san wasan. Viktor Korchnoi ya kara da Karpov sau biyu a kan kambu, Baguio 1978 da Merano 1981, duk ya faɗi, a ta farkon har ƙorafi tawagarsa ta shigar wai yogot ɗin da aka kawo wa Karpov ana cikin wasa saƙo ne a ɓoye. Akwai kuma Mir Sultan Khan daga Punjab, ya ci gasar Birtaniya a 1929 da 1932 da 1933, ya doke Capablanca a Hastings, ya koma gida ya bar wasan, da FIDE ta raba GM na farko ga mutum 27 a 1950 ba a saka shi ba, sai a 2024 aka ba shi na girmamawa, shekaru da yawa bayan rasuwarsa. Na kwamfutar nan Deep Blue kuma ka tambaya da shekara, don Kasparov ne ya ci kwamfutar 4 da 2 a 1996, ita kuma ta rama 3½ da 2½ a 1997, kuma mafi yawan mutane ta biyun kawai suka sani.